Sautin da Ke Bakin Sarautar Jos

Duk wanda ya zaga kasuwar Katako da ke Laranto zai ji ciniki na tafiya da Hausa, ko da mai saye Birom ne, mai sayarwa kuma Bayarabe. Amma da zarar 'yan gida ɗaya sun koma harshensu, sai wani sauti ya ɓullo wanda babu shi a Hausa sam. Shi ne ake rubutawa "gb", tare da ɗan'uwansa "kp". "Gb" yana nan a farkon sunan sarautar Gbong Gwom Jos, wadda tushenta ke komawa ga naɗin Da Rwang Pam a 1947, wadda kuma Da Jacob Gyang Buba ke riƙe da ita tun 2009.

Haruffa biyu ne a takarda, amma a baki bugu ɗaya ne. Mai furuci zai ɗaga doron harshe ya manne da hanɗa kamar zai ce "ga", a lokaci guda kuma ya rufe leɓɓansa ruf kamar zai ce "ba". Iska ta tsare a wuri biyu ke nan. Sai ya saki harshe, leɓɓa su biyo baya cikin ƙiftawar ido. Ɗaliban Hausa sun san "gw" da "kw", sai dai a can leɓɓa kewayewa kawai suke yi, ba sa haɗuwa. Wannan 'yar tazara ce ta sa Bahaushe ya ji Gbari ya ce Gwari, kuma har yau "Gbong" kan fito daga bakinsa a "Bong" ko "Gwong".

A duniya sautin ba shi da yawa. Da masanin furuci Ian Maddieson ya duba harsuna 567, a 45 kaɗai ya same shi, kusan dukansu a wani zirin ƙasa da ya ratsa Afirka ta Yamma zuwa ta Tsakiya, sai ɗaiɗaiku a yankin Papuwa Niugini. Larabci da Ingilishi da Faransanci duk ba su da shi.

Kuza ce ta tara masu wannan sauti a Jos. Birom da Afizere suna da shi tun kaka da kakanni. Da Turawa suka buɗe haƙar kuza a farkon ƙarni na 20, ƙaramin jirgin ƙasa daga Zariya ya iso a 1914, babban layi ta Kafanchan kuma a 1927, sai ga Yarabawa da Ibo da Nufawa da Tibi, kowa da "gb" a bakinsa. Abin lura shi ne, duk yawansu, harshen da ya haɗa su a ramukan kuza da bariki shi ne Hausa. Ita ma ba ta fita haka nan ba, domin a bakin da yawa daga masu koyonta "ƙ" ta koma "k", "ts" ta koma "s".

Masana sun bi sautin har gida. Peter Ladefoged ya auna shi da na'urori a littafinsa na 1964 kan furucin harsunan Afirka ta Yamma, ya nuna cewa a Yarabanci har ɗan zuƙo iska ake yi a cikin baki kafin a saki. Luc Bouquiaux, mutumin Beljiyam, ya fitar da nahawun Birom a 1970, ya tabbatar da "kp" da "gb" a jerin baƙaƙen harshen. Daga 1976 kuma Jos ta zama mazaunin cibiyar fassara Littafi Mai Tsarki ta NBTT, wadda ta taimaka wa ƙananan harsuna da dama wajen tsara ƙa'idar rubutu.

Abin da ke damun iyaye yanzu shi ne yara da yawa da suka tashi a cikin gari sun fi sakewa da Hausa da Ingilishi. Damuwar tana da hujja, domin sauti irin wannan a ƙuruciya ake kama shi, wanda ya girma bai koya ba kuwa da wuya leɓɓansa da harshensa su tsaya lokaci guda.