Zalika Souley, Kishiyar Cikin Fim

Yau maƙwabta za mu leƙa, Jamhuriyar Nijar.

An haifi Zalika Souley a Yamai a 1947. Ba ta cika shekara 20 ba Moustapha Alassane ya sa ta a fim ɗinsa na kaboyi, a 1966, zamanin da mace ko ƙofar silima ta bi sai an yi da ita. Daga baya ta fito a Le Wazzou Polygame na Oumarou Ganda, labarin wani alhaji da ya ƙaro ta uku. Ita ce matar da kishi ya rufe wa ido. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Wagadugu a 1972.

To, kin dai san mutane, ba su raba wasa da gaske. Aka riƙa zaginta a titi, wai muguwa ce. Da harkar fim ta durƙushe a Nijar talauci ya kama ta, har ta fita ƙasar waje aikatau. A 2004 Rahmatou Keïta ta fitar da fim kan rayuwarta. Ta rasu a 2021. Allah ya jiƙanta.