Waliyyai Mata: Wa Ya Rubuta Sunayensu?



'Yar'uwa, in aka ce ki lissafa waliyyan ƙasar Katsina, na san ba za ki yi gardama ba: Wali Ɗanmarina, Wali Ɗanmasani wanda ya rasu a 1667, da Wali Ɗantakum. Mu nan Kusada da Kankiya tun muna yara muke jin karamominsu. To, amma kawo mini sunan mace guda ɗaya mana. Kin ga an yi shiru ko?

Ba mu kaɗai ba ne. Kusan kowane addini yana da littattafan tarihin bayin Allah, kuma galibi maza ne suka riƙe alƙalamin. Fariduddin Attar na ƙasar Farisa ya rubuta Tazkiratul Auliya, amma mace ɗaya tak ya ware wa babi, wato Rabi'atul Adawiyya ta Basra, wadda ta rasu wajen 801. Ita ɗin ma sai da ya kawo hanzarin sa ta cikin sahun maza! A wajen Kiristoci akwai Perpetua, wata mai jego da aka kashe a Kartaj, Tunisiya ta yau, a shekarar 203 saboda ta ƙi barin addininta. Ita da kanta ta bar labarin zamanta a kurkuku, shi ya sa har yau ake jin muryarta.

A ƙasar Hausa kuwa, Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ce ta yi mana maganin abin. Mijinta, Waziri Giɗaɗo, ya rubuta Raudul Jinan a kan karamomin Shehu. Ɗan'uwanta Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya tattara labaran salihan mata da Larabci cikin Kitabun Nasiha. Amma mace nawa ce a karkara ke jin Larabci? Sai Nana ta mayar da shi waƙa wajen 1836, da Fulatanci, daga baya da Hausa. Ita ce Tawassuli ga Mata Masu Albarka.

Abin da ya fi burge ni, wallahi, bayan ta ambaci matan Manzon Allah (SAW) da Rabi'a da Nana Nafisa ta Masar, ba ta tsaya nan ba. Ta ƙara da matan zamaninta irin su Joda Kawuri da 'Yar Hindu, ba don sun tashi sama ko sun taka ruwa ba, a'a, don karatun Alƙur'ani da koyarwa da sasanta mutane. Jajis ɗinta, shugabannin 'Yan Taru masu malafa, su suka riƙa kai irin waɗannan waƙoƙi ƙauyuka, mata na haddacewa.

Nana ta rasu a 1864, kabarinta na Hubbare a Sakkwato. Mu kuma kusan kowace unguwa tana da tata Inna ko Gwaggo da ta koya wa yaran gida Fatiha, ta yi azumin Litinin da Alhamis har tsufa. Jikokinta kaɗai suka san sunanta na yanka, su ma sun fara furfura. In akwai irinta a gidanku, sa ɗiyarki 'yar makaranta ta ɗauko biro da takarda, ku je wajen tsohuwar da ta rage.