Zambo da Barkwanci a Talabijin ɗin Kano

Zambo ta hanyar kwaikwayo ya girmi talabijin nesa ba kusa ba, domin tun kafin a san akwatin hoto 'yan kama suna zagaya kasuwanni suna kwaikwayon malamai, suna jan baƙi suna fassara da sunayen tuwo da miya, su kuwa malaman sukan yi murmushi su kau da kai, saboda al'ada ta yi wa mai barkwanci uzurin da ba ta yi wa waninsa ba.

Da aka buɗe gidan rediyo da talabijin na Kaduna a 1962, wannan uzuri ya sami sabon mazauni, kuma daga can Usman Baba Pategi ya yi fice da Samanja Mazan Fama, yana karya Hausa irin ta bariki alhali sojojin da yake kwaikwaya su ke riƙe da mulki. A Kano kuwa, marubuta sun saɓa game da shekarar kafa gidan talabijin na CTV, amma babu jayayya cewa gwamnatin Muhammadu Abubakar Rimi ce, wadda ta yi mulki daga 1979 zuwa 1983, ta gina shi a Hotoro, kan titin Maiduguri, gefen Tarauni, kuma sunansa gidan yake ɗauke da shi yanzu. Wasannin wancan zamani, irin su Kuliya Manta Sabo, alƙalai da attajirai da masu unguwa suka fi taɓawa.

Lamarin ya sauya bayan fitowar fim ɗin Turmin Danya a 1990, yayin da ofisoshin 'yan fim suka cika titin gidan Zoo daura da Gyadi-Gyadi, mujallu irin su Tauraruwa da Fim suka shiga sharhi, masu nazari kuma suka yi ta kukan cewa sana'ar ta koma kwaikwayon Indiya. Rabilu Musa Ibro, Allah ya jiƙansa, ya ɗauki wannan suka ya mai da ita abin dariya, yana rawa da waƙa cikin kayan Indiyawa, har mai kallo ya rasa ko 'yan fim yake yi wa shaguɓe ko masu sukarsu. Hukumar tace fina-finai ta Kano, wadda aka kafa a 2001, ba ta ɗauki abin da wasa ba, domin a 2008 kotun tafi-da-gidanka ta ɗaure shi wata biyu kan fim ɗin Ibro Aloko. Ya rasu a Disambar 2014, shekarar da tashar Arewa24 ta fara aiki.