Takunkumin iyaye

takunkumin iyaye (suna, namiji, jam'i: takunkuman iyaye). Tsari a cikin waya ko kwamfuta da uwa ko uba ke kunnawa don toshe wa yaro wasanni, hana shi sauke sabuwar manhaja, ko ƙayyade masa lokacin wasa. Da lokacin ya cika sai wasan ya kulle, ba ya buɗuwa sai da lambar sirri. Google ya fito da Family Link a 2017, Apple kuma da Screen Time a 2018.

Misali: "Baba ya sa wa wayata takunkumi, ƙarfe tara na yi ƙwallon ta tsaya cak."

Asali: takunkumi, abin ɗaure bakin dabba kada ta ci shuka.

Lura: yaron da ya san lambar ya riga ya kwance takunkumin.