Satiru: Tsakanin Mahadiyanci da Tawayen Bayi

Littattafan tarihin tawayen bayi sukan fara da Haiti, su biya ta Bahiya a ƙasar Barazil, inda bayi Hausawa suka yi bore a 1814. Kaɗan ne daga cikinsu ke yada zango a Satiru, wani ƙauye kudu da Sakkwato. A watan Fabrairun 1906 mutanensa, ƙarƙashin Malam Isa da Ɗan Makaho, suka fatattaki rundunar Turawa, suka kashe Razdan Hillary. Wata bai cika ba aka rushe garin da goyon bayan Sarkin Musulmi Attahiru na Biyu, aka hallaka kimanin mutum 2,000.

An daɗe ana karanta wannan waƙi'a a matsayin fitinar Mahadiyanci tsantsa, alhali wannan rabin magana ne. Lovejoy da Hogendorn, marubuta Slow Death for Slavery (1993), sun nuna cewa da yawa daga cikin mayaƙan gudaddun bayi ne. Wannan ya fi bayyana haɗin kan sarakuna da Lugard, domin dokarsa ta 1901 waɗanda aka haifa bayanta ta 'yantar. Iyayensu kuwa aka bar su da murgu da neman fansar kai, ba a soke bautar ɗungurungum ba sai 1936.