2.3 Waiwaye a Kan Tarihin Ɓoyayyen Talla a Amurka

Wannan fasali zai yi waiwaye ne a kan yadda aka yi ta fafutikar raba talla da labari a Amurka. A ƙarshen ƙarni na 19, 'yan kasuwa, musamman masu sayar da magunguna, sukan biya jaridu domin a buga musu yabon hajarsu cikin sigar labari, ba tare da an sanar da mai karatu ba. Wannan ne ya sa a shekarar 1912 Majalisar Dokoki ta wajabta wa duk jaridar da ke cin moriyar rangwamen kuɗin gidan waya ta rubuta kalmar "talla" a kan duk abin da aka biya ta buga. Masu jaridu sun kai ƙara, amma Kotun Ƙoli ta tabbatar da dokar a 1913.

Da rediyo ya bunƙasa, sai al'adar ta sake salo. Kamfanonin faifai suka riƙa bai wa masu gabatar da shirye-shirye na goro a asirce, domin su yawaita sanya waƙoƙinsu, mai sauraro kuwa yana zaton farin jini ne ya jawo haka. Da asiri ya tonu a 1959, Alan Freed ya rasa aikinsa a gidan rediyon WABC, daga bisani ya amsa laifinsa a kotu a 1962. Gyaran dokar sadarwa na 1960 ya tanadi tarar da ta kai dala 10,000 ko ɗaurin shekara guda ga wanda ya ɓoye irin wannan biya.

Haka zalika, zuwan intanet ya farfaɗo da matsalar. A 2013 mujallar The Atlantic ta janye wani rubutu mai kama da rahoto, wanda Cocin Scientology ya ɗauki nauyi, ta kuma nemi afuwa. A 2015 Hukumar Kula da Ciniki ta Tarayya ta fitar da ƙa'idoji a kan irin wannan talla.

Daga bayanan da suka gabata, za a iya fahimtar cewa dokokin ba su haramta karɓar kuɗin talla ba. Ɓoyewar suka haramta. Dalili kuwa shi ne, mai karatu yakan yi taka-tsantsan da maganar mai talla, amma yakan saki jiki da ta ɗan jarida. Saboda haka, abin da ɗan kasuwa yake saye a ɓoye shi ne wannan amanar.