Maniƙar Ubangida da Rumbun Tsimi

A Faransa ta zamanin sarakuna, manomi ba ya fita daga hannun mai ƙasa ko da ya kai amfanin gonarsa gida. Ubangida shi ke da maniƙa, wadda ruwa ko iska ke juyawa, kuma wajibi ne duk mazaunin ƙasarsa ya kai alkamarsa can, a niƙa, a ɗebi kason ubangida. Wanda ya niƙa a wani wuri, tara ta hau kansa. Juyin juya halin 1789 ne ya girgiza wannan tsari, dokar 1793 ta ƙarasa shi.

A ƙasar Ƙonni da Adar kuwa, daga Malbaza har Illela, ba a san wannan ƙangi ba. Sussuka da surfe da daka da niƙa duk aikin mata ne, turmi da dutsen niƙa suna cikin gida, inda idon basarake ba ya kaiwa. Saboda haka sarauta ta riƙa tarar hatsi tun bai isa turmi ba. Da damina talakawa kan ba da kwanakin noma a gandun sarki, daidai lokacin da haki ke cin gonakinsu. Da kaka kuma a fitar da zakka, dami ɗaya cikin goma, ta bi ta hannun masu sarauta.

A 1899 ayarin Voulet da Chanoine ya ragargaza Birnin Ƙonni. Mulkin Nasara da ya biyo baya ya zo da harajin kuɗi da aikin tilas, sannan ya ɗora hannu a kan rumbu. Bayan yunwar 1931 aka tsananta dokar rumbun tsimi: kowane magidanci ya zuba wani kaso na hatsinsa, kuma ba a buɗewa sai da izinin hukuma. Manufar ita ce rigakafin yunwa da tanadin iri, amma mai hatsi yakan wayi gari yana kallon rumbunsa, iyalinsa na jiran amsar kwamanda. Ƙasar da ta 'yanta manominta daga maniƙar ubangida ita ce ta riƙe wa manomin Adar mabuɗin rumbu. Aikin tilas kansa sai a 1946 aka soke shi.

Da injin niƙa ya iso garuruwan yankin, da sunan sana'a ya zo. Mace ta biya kuɗinta ta karɓi garinta, in niƙan bai yi mata ba ta kai gaba, ko ta koma ga turminta.